Darasin Kurkunu: Yadda Shawarar Masu Mulki Take Shafar Lafiyar Jama'a

Manufar darasi

A ƙarshen wannan nazari, mai karatu zai gane yadda shawarar da ake yankewa a ofisoshin gwamnati take komawa lafiya ko ciwo a jikin talaka. Zai ga dalilin da ya sa aka ci nasara a kan cutar kurkunu, alhali kwalara tana nan tana kisa. Zai kuma san irin tambayoyin da ya dace ɗan ƙasa ya yi wa waɗanda ya zaɓa.

Gabatarwa

Sa'ad da mutum ya kwanta ciwo, abin da yakan fara zuwa zuciyar danginsa shi ne magani da asibiti. Da wuya wani ya tuna da zauren majalisa ko ofishin shugaban ƙaramar hukuma. Amma ciwo da yawa tun a can aka buɗe masa ƙofa, a ranar da aka zaɓi a haƙa rijiya ko a fasa, a biya ma'aikacin lafiya ko a riƙe albashinsa, a gyara hanyar da mace mai naƙuda za ta bi ko a bar ta da ramuka. Hausawa sun ce ruwa ba ya tsami banza.

Tsarin Mulkin Nijeriya na 1999, a sashe na 14, ya nuna cewa tsaron jama'a da jin daɗinsu su ne ainihin dalilin kafa gwamnati. Sashe na 17 kuma ya ɗora wa hukuma nauyin tanadar isassun wuraren kiwon lafiya domin kowa. Sai dai waɗannan sassa suna cikin babi na biyu, wanda kotu ba ta tilasta cika shi kai tsaye. Saboda haka cikarsu ta dogara ga niyyar shugabanni da kuma farkawar waɗanda ake mulka. Tarihin cutar kurkunu ya nuna abin da yakan faru sa'ad da waɗannan biyu suka haɗu.

1. Cutar da ba ta da magani

Yaran da aka haifa a shekarun nan ba su san kurkunu ba, amma dattawa a ƙauyuka da yawa har yanzu suna da tabonta a ƙafa. Hanyar kamuwa da ita ruwan sha ce. A cikin kududdufi ko tafkin da ba ya gudu akwai waɗansu ƙananan ƙwarin ruwa, waɗanda da ƙyar ido yake ganinsu. Su ne suke haɗiye 'ya'yan tsutsar. Mutum ya sha ruwan, ƙwarin su mutu a cikinsa, 'ya'yan tsutsar kuwa su rayu su yi ta girma ba tare da ya ji kome ba. Bayan kimanin shekara guda sai macen tsutsar, wadda tsawonta yakan kai mita ɗaya, ta gangaro zuwa ƙafa ta ta da bororo mai zafi kamar wuta. Mai ciwon yakan tsoma ƙafarsa cikin ruwa domin ya ji sanyi. Nan take tsutsar take zubar da dubban 'ya'yanta a cikin tafkin, ruwan da dukan ƙauye za su sha. Haka cutar take zagayowa kowace shekara.

Babu allurar rigakafin kurkunu, babu kuma ƙwayar da take kashe tsutsar. Abin da ake yi shi ne a naɗe ta a jikin ɗan tsinke, ana ja kaɗan kaɗan kowace rana, wani lokaci har makonni. Ba kasafai take kisa ba, amma takan kwantar da mutum makonni da yawa, sau da yawa kuwa daidai lokacin shuka ko girbi. Manomi ya kasa zuwa gona, uwa ta kasa kula da jariri, yaro ya bar makaranta domin ya yi aikin da mahaifinsa ya kasa. Wani bincike da Asusun Kula da Yara na Majalisar Ɗinkin Duniya ya ɗauki nauyinsa a 1987 ya ƙiyasta cewa manoman shinkafa a wani yanki na kudu maso gabashin Nijeriya suna asarar kimanin dala miliyan 20 kowace shekara saboda ita.

A shekarar 1986 an ƙiyasta mutum miliyan 3.5 ne suke kamuwa da kurkunu kowace shekara, a ƙasashe wajen 20 na Afirka da Asiya. Duk da wannan yawa, an daɗe ba a damu da ita ba, gama cuta ce ta mazauna ƙarshen hanya, inda babu famfo, babu asibiti, babu ɗan jarida. Wanda yake shan ruwan famfo a birni ba ya kamuwa da ita, masu tsara kasafin kuɗi kuwa a birni suke zaune.

2. Sa'ad da hukuma ta yanke shawara

Abin da ya sauya a ƙarshen shekarun 1980 shawara ce, gama ba a gano wani sabon magani ba. A 1986 Cibiyar Carter, wadda tsohon shugaban Amurka Jimmy Carter ya kafa, ta ɗauki jagorancin yaƙi da cutar a duniya. A Nijeriya kuwa lokacin ya zo daidai da zamanin Farfesa Olikoye Ransome-Kuti, ministan lafiya daga 1985 zuwa 1992, likitan yara wanda ya nace cewa a kai kiwon lafiya ƙauye maimakon a tara kome a manyan asibitocin birane. A 1988 aka kafa shirin ƙasa na kawar da kurkunu.

Matakin farko shi ne ƙidaya. Aka bi ƙauye ƙauye tsakanin 1988 da 1989, aka sami fiye da mutum 650,000 masu cutar a ƙauyuka kusan 6,000. Babu ƙasar da ta kai Nijeriya yawan masu kurkunu a lokacin. Adadin abin kunya ne, amma gwamnati ta yarda aka bayyana shi. Wannan muhimmin abu ne, domin shugaban da ya ɓoye yawan marasa lafiya saboda kare sunansa ya riga ya zaɓi cutar ta zauna.

Mataki na biyu shi ne a sa aikin a hannun mutanen ƙauyen da kansu. A kowane ƙauye mai cutar aka zaɓi ɗan gari aka horar da shi. Aikinsa ya zaga gidaje, ya rubuta wanda ya kamu, ya wanke gyambon ya ɗaure, ya hana mai ciwon shiga tafki, ya kuma aika da rahoto kowane wata. Aka raba ƙyallayen tace ruwa ga iyalai, da ɗan bututu mai mataci wanda makiyayi ko manomi zai rataya a wuya ya zuƙi ruwa da shi a daji. Aka riƙa zuba maganin Abate a tafkuna domin ya kashe ƙwarin ruwan. Aka kuma nemi a ba ƙauyukan da suke fama da cutar fifiko wajen haƙa rijiyoyin burtsatse. Da masu cutar suka ragu ƙwarai, aka sa ladan kuɗi ga duk wanda ya kawo labarin mai kurkunu, domin kada ko mutum ɗaya ya ɓuya.

Babu ɗaya daga cikin waɗannan matakai da ya bukaci babban gini ko na'ura mai tsada. Abin da suka bukata shi ne tsari, da kuɗin da ba ya yankewa, da mai dubawa.

3. Tsayawa cik da sake tashi

Ba a tafi sumul ba. Babban Taron Lafiya na Duniya ya sa ƙarshen 1995 ya zama wa'adin kawar da cutar, wa'adin ya wuce tana nan. A Nijeriya adadin ya faɗi da sauri a shekarun farko, sa'an nan tsakanin 1996 da 1999 ya tsaya a wajen 12,000 zuwa 13,000 kowace shekara. Ƙauyukan da suka rage su ne mafi wuyar kaiwa, ma'aikata sun gaji, hankalin hukumomi kuma ya koma ga rigingimun siyasa na wancan zamani.

A ƙarshen shekarun 1990 ne tsohon shugaban ƙasa Janar Yakubu Gowon ya shiga aikin, bisa ga roƙon Jimmy Carter. Ba likita ba ne, ba ya kuma riƙe da wani muƙami. Abin da yake da shi shi ne girman da ake ba shi. Ya yi shekaru yana ziyartar ƙauyukan da cutar ta fi ƙamari, yana ganawa da gwamnoni, da shugabannin ƙananan hukumomi, da sarakuna, yana neman su yi alkawarin ruwa mai tsabta, yana kuma komawa ya ga ko an cika. Shugaban ƙaramar hukumar da zai iya ajiye wasiƙar ma'aikacin lafiya a aljihun tebur ba zai iya yin haka da tsohon shugaban ƙasa ba.

Adadin ya sake faɗuwa. A 2004 bai kai 500 ba. A 2008 mutum 38 ne kaɗai, na ƙarshensu kuwa an same shi a jihar Enugu cikin watan Nuwamba. Aka ci gaba da sa ido har shekara biyar, sa'an nan a Disamba 2013 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar cewa Nijeriya ta rabu da kurkunu, a lokaci ɗaya da maƙwabciyarta Nijar. A duniya baki ɗaya, mutum 14 ne aka samu da cutar a 2023.

Daga 1988 zuwa 2013 shugabanni bakwai suka mulki Nijeriya, waɗansu na soja, waɗansu na farar hula, da yawansu ba sa ga maciji da juna. Babu wanda ya rushe shirin domin wani ne ya fara shi. Wannan darasi ne babba a ƙasar da sabon gwamna yakan bar asibitin da wanda ya gada ya fara ginawa ciyawa ta rufe shi.

4. Me ya sa kwalara ba ta tafi ba?

Kwalara ma ta ruwa take bi. Ƙwayar cutar tana fita cikin bayan gidan mai ɗauke da ita, ruwan sama ya kwashe ta zuwa rijiya ko rafi, ko kuwa hannu marar tsabta ya kai ta cikin abinci. Amai da gudawar da take jawowa suna iya ƙarar da ruwan jikin babban mutum cikin sa'o'i kaɗan. Ita kuwa tana da magani mai sauƙi, wato ruwan gishiri da sukari, da ƙarin ruwa ta jijiya ga wanda ya galabaita. Har allurar rigakafi ta ɗigawa a baki akwai. Duk da haka, a shekarar 2021 hukumar daƙile cututtuka ta Nijeriya ta ba da rahoton fiye da mutum 110,000 da ake zaton sun kamu, a jihohi fiye da 30, kimanin 3,600 kuma suka rasu.

Cutar da ba ta da magani ta ƙare, wadda take da magani tana nan. Dalilin yana cikin irin aikin da kowace take nema daga hukuma. Ƙyallen tacewa yana tare ƙwarin da suke ɗauke da kurkunu, da zarar an yanke zagayowarta na shekara ɗaya ko biyu a ƙauye kuwa, ta tafi ke nan. Aiki ne mai ƙarshe, mai adadin da za a iya nunawa, wanda ƙungiyoyin ƙasashen waje suka taimaka da kuɗi da kaya. Kwalara ba ta ƙarewa da gangami. Tana neman famfon da yake kawo ruwa yau da gobe, da masai a kowane gida da kasuwa da makaranta, da magudanar da ake yashewa kafin damina, da asibitin unguwa mai ma'aikaci da dare. Waɗannan ayyukan yau da kullum ne na gwamnati, ba su da ranar biki, ba a yanka musu kirtani.

A nan ne siyasa take nuna halinta. Haƙa sabuwar rijiya yana da kwangila, yana da allo mai sunan wanda ya haƙa. Gyaran tsohuwa ba shi da ko ɗaya. Shi ya sa akan ga rijiyar burtsatse a tsakiyar ƙauye da allonta a tsaye, mata kuwa suna wuce ta da tuluna zuwa rafi, domin wani ɗan ƙarfe ya lalace babu mai sayen wani.

A 2018 gwamnatin tarayya ta ayyana dokar ta-ɓaci a kan ruwa da tsabtar muhalli, a 2019 kuma ta ƙaddamar da shirin hana yin bayan gida a fili, da burin gamawa a 2025. Ba a cim ma wannan buri ba. Amma jihar Jigawa ta kai ga wannan matsayi a dukan ƙananan hukumominta a 2022, ita ce ta farko a ƙasar. Jigawa ba ta cikin jihohi masu arzikin mai. Wannan ya nuna cewa rashin kuɗi kaɗai bai isa ya zama hujja ba.

5. Alkawari a takarda da kuɗi a hannu

Nijeriya ba ta rasa kyawawan dokoki ba. A Afrilu 2001 shugabannin Afirka suka taru a Abuja suka yi alkawarin ware aƙalla kashi 15 cikin 100 na kasafin kuɗinsu domin lafiya. Kasafin tarayyar Nijeriya bai taɓa kaiwa nan ba, a mafi yawan shekaru yakan tsaya tsakanin kashi 4 da kashi 6. A 2014 aka sa hannu a Dokar Lafiya ta Ƙasa, wadda ta tanadi a ware aƙalla kashi 1 cikin 100 na haɗaɗɗen kuɗin shigar tarayya domin kiwon lafiya a matakin farko, amma sai a kasafin 2018 aka fara sa wannan kuɗi. A 2022 wata sabuwar doka ta mai da inshorar lafiya wajibi ga kowa. Duk da haka, ƙididdigar Hukumar Lafiya ta Duniya ta daɗe tana nuna cewa fiye da kashi 70 cikin 100 na kuɗin da ake kashewa a kan lafiya a Nijeriya daga aljihun marasa lafiya da danginsu yake fitowa. Ma'anar wannan a ƙauye ita ce a sayar da akuya, ko hatsin da aka ajiye domin iri, ko kuwa a bar marar lafiya a ɗaki ana jiran abin da zai faru.

Ya kamata a bambanta abubuwa uku: kuɗin da aka rubuta a kasafi, kuɗin da aka saki, da kuɗin da ya isa wurin aikin. Tsakanin na farko da na uku akwai tafiya mai nisa. Asibitin unguwa da rijiyar ƙauye sun fi kusa da ƙaramar hukuma, wadda shekara da shekaru kuɗinta yana bi ta asusun haɗin gwiwa da jiha. A Yuli 2024 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci cewa a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye. Ko ta wace hanya kuɗin ya bi, ba zai zama magani a kan kanta ba sai akwai masu bin sawunsa.

6. Aikin ɗan ƙasa

Nasarar da aka yi a kan kurkunu ta tsaya a kan abubuwa huɗu: faɗin gaskiya game da adadi, sa mutanen gari cikin aikin, ci gaba da shi duk da sauyin gwamnati, da komawa a tambayi wanda ya yi alkawari. Dukansu suna cikin ikon talakawa idan sun haɗa kai, gama hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Na farko, jama'a su san halin da suke ciki da lissafi. Rijiyoyi nawa ne a mazaɓar, nawa suke aiki? Ma'aikata nawa ne a asibitin, akwai ungozoma da dare? Mata nawa suka rasu wajen haihuwa a bara? Kukan da yake da lamba da kwanan wata ya fi wuyar kaucewa.

Na biyu, a shiga kwamitin raya mazaɓa, wanda tsarin kiwon lafiya a matakin farko ya tanada domin jama'a su sa ido a kan asibitinsu. Zumuntar mata, da ƙungiyoyin matasa, da na manoma suna da mutanen da za su iya wannan hidima. Ya kamata a yi ta tare da maƙwabta na kowane addini da kowace kabila, domin rafin da ake sha ɗaya ne.

Na uku, a yi amfani da doka. Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 ta ba ɗan ƙasa dama ya nemi bayani a rubuce daga hukuma game da kuɗin jama'a. Wasiƙa mai ladabi, mai sa hannun mutane da yawa, wadda aka ajiye kwafinta, tana da nauyi.

Na huɗu, a auna ɗan takara da abin da ya shafi rai. Gishiri da atamfar ranar zaɓe sukan ƙare cikin ɗan lokaci, ruwan da iyali za su sha shekara huɗu kuwa yana cikin ƙuri'ar nan. Wanda aka zaɓa ya cika alkawari, a yaba masa a fili. Wanda bai cika ba, a tuna masa ba tare da zagi ko tashin hankali ba, a kuma tuna da shi a zaɓe na gaba.

Tambayoyi domin tattaunawa

1. Waɗanne cututtuka ne suka fi damun jama'ar wannan yanki, wace shawarar hukuma ce kuma take da hannu a cikin kowace?
2. Me ya sa bayyana ainihin yawan masu kurkunu ya zama farkon nasara?
3. Wane ne a wannan gari yake da irin girman da zai iya tunatar da masu mulki alkawarinsu, kamar yadda Janar Gowon ya yi?
4. Akwai rijiya ko asibitin da ya daina aiki a kusa? Me ya lalace, nawa ne kuɗin gyaransa, nauyin wa ne?
5. Wane mataki ɗaya ƙungiyar nazarin nan za ta ɗauka kafin wata uku masu zuwa?

Kammalawa

Kurkunu ta zauna a wannan ƙasa tun zamanin kakanni, har mutane suka ɗauka cewa wani ɓangare ne na rayuwar ƙauye. Cikin shekara 20 ta ƙare, da ƙyalle, da littafin rahoto, da shugabannin da aka hana su mantawa. Mutuwar yara saboda gudawa, da mutuwar mata wajen haihuwa, su ma jama'a da yawa sun saba da su kamar yadda aka saba da kurkunu a dā. Hanyar da aka bi wancan karo tana nan, tana farawa ne daga ƙidaya abin da yake faruwa a mazaɓa ɗaya da kai shi gaban wanda nauyin yake wuyansa.